Ƙarfe Nawa?

Ranar Asabar waccan, da muka zauna ƙarƙashin dogon yaro muna tace abin da zai shiga wannan fitowa, gardama ta tashi a kan labarin da ɗan'uwanmu ya ba mu a fitowar baya. Wanda bai karanta ba, ga shi a taƙaice. A wata duniya da ba tamu ba akwai wani ƙarfe mai wuyar samu, shuɗi, mai walƙiya, sunansa kironiyam. Duk wanda ya riƙe guntunsa a tafin hannu yana iya tsai da lokaci, ko ya mai da shi baya. Jarumi ya tsince shi a kogo, ya mai da lokaci baya, ya ceci gimbiya, ya kashe azzalumin waziri. Shafi 11. Kowane shafi dala biyar wurin mai fotokofi, sau kwafi 60. Ku yi lissafin da kanku, daga aljihunmu kuɗin suka fito.

Zaman ya rabu biyu. Wasu suka ce wannan shi ne sabon jini, mu ma mun shiga sahun duniya, har da mai cewa a yi masa fim. Wasu suka ce ɓarnar takarda ce, shirmen wanda ya cika kallon fina-finan Amurka a waya. Ni ban tofa ba ran nan, don ni ke kan shayi, kuma mai shayi in ya shiga gardama na biyu ke ƙonewa. To ga abin da na haɗiye. Labarin ya faɗi. Marubucin abokina ne tun muna lise, ya san babu ƙiyayya tsakaninmu, shi ya sa zan faɗa masa ba tare da shafa mai ba. Sai dai inda masu suka ke nunawa da yatsa, ba nan ramin yake ba.

Bari in fara sallamar masu cewa a daina buga irin waɗannan labarai kwata-kwata. Hujjarsu ita ce ƙasa na cikin wani hali, samari na kwarara Libiya da Aljeriya, hatsi ya yi tsada, mu kuma muna nan muna gatana. Na ji. Amma wa ya gaya musu gatana ba ta san tsadar hatsi ba? Rabin wayon Gizo a kan tuwo yake, yunwa ce ta koya masa ƙarya. Ƙagaggen labarin Hausa na boko ma da irin wannan ya buɗe ido. Gasar da aka shirya a Zariya a 1933 ita ta haifi Ruwan Bagaja na Abubakar Imam, littafin da kansa da ƙafarsa neman wani ruwa ne da babu shi a kowace rijiya. Ita ta haifi Ganɗoki na Bello Kagara, inda jarumi ya fito daga yaƙi da Turawa ya faɗa ƙasar aljannu. A 1969 Umaru Dembo ya ɗauki yaro ya kai shi sararin samaniya a Tauraruwa Mai Wutsiya. Wanda ya ce ƙirƙiro abin da babu shi baƙon abu ne a Hausa, ɗakin karatu ne bai shiga ba.

Akwai kuma wanda ya ce taɓa lokaci shiga hurumin Ubangiji ne. Ni ba malami ba ne, ba zan ba da fatawa a takardar fotokofi ba. Abin da na sani, duk wanda ya zauna tafsirin azumi ya ji ƙissar Ashabul Kahfi, da shekara 309 da suka yi a kogo, suka farka suna zaton yini ɗaya ne ko wani yanki nasa, da yadda masu tafsiri ke cewa tsohon kuɗin azurfar da ɗayansu ya je sayen abinci da shi ne ya tona al'amarin. Waccan gaskiya ce, na abokina ƙage ne, ban haɗa su a ma'auni ɗaya ba. Ina dai nuna cewa kunnenmu ya daɗe da jin maganar lokacin da ya tsaya wa wasu, ya wuce wa wasu.

To, yanzu ga ni gare ka, aboki.

Da hutu na tafi da ɗan littafin ƙauyenmu, arewa da Tawa, na karanta wa kakata labarinka da dare, da fitilar waya. Ta bi ka har bakin kogo, ba ta yi gyangyaɗi ba, ka riƙe wannan a matsayin yabo don ba kowa take yi wa ba. Da na kai kan sunan sai ta tsai da ni.

"Mi anka ce sunan abin?"

"Kironiyam, Kaka."

"Kai, mijin banza, sake hwaɗi."

Na sake. Ta juya shi a baki sau biyu, ya ƙi zama. Sai ta ce, "Wanga ai awa sunan ƙwayar da likita ka ba mutum. Na ciwon mi na?"

Daga nan har ƙarshen labarin "ƙwayar nan" take ce masa. Jarumi ya ɗaga ƙwayar nan, waziri ya sace ƙwayar nan. Duk kwarjinin da ka tara masa a shafi uku ya zube, kuma ba laifinta ba ne.

Mu duba sunan kamar yadda ake koya mana duba kalma a aji. Gabansa kalmar Girkanci ce mai nufin lokaci. Wutsiyarsa kuwa ita ce wutsiyar da Turawa ke liƙa wa ƙarafan da suka gano a ɗakin bincike, irin ta yuraniyam da alminiyam. Wutsiyar nan tana magana tun kafin jarumi ya buɗe baki. Cewa take: wani mai farar riga ne ya gano ni, a takarda aka raɗa mini suna, mutanen da nake ƙarƙashin ƙafarsu ba su san ni ba. Ka gina duniya mai sarki da waziri da dogarai da maroƙa, mai ganuwa da ƙofar gari, sannan ka ajiye a tsakiyarta abin da babu bakin da zai iya raɗa shi a cikin garin. Wa ya sa masa suna? Da wane harshe? Namiji ne ko mace? In sun yi yawa me ake ce musu? Ina kirarinsa? A ƙasar da wuƙa ke da kirari, kura ke da kirari, har tuwo ma bai rasa ba, a ce ga abin da ke juya rana baya amma babu maroƙi ɗaya da ya taɓa wasa shi? Kuma abu mai daraja ba ya zama da suna guda. Akwai sunan da fada ke kiransa da shi, akwai na ƴan kasuwa, akwai na ɓarayi da dare, akwai wanda uwa ke sakayawa da shi don kada yaro ya gane.

Kada wani ya ce ɗan ilimin harsuna ya zo da wa'azin tsarkake Hausa. Ba ni cikin wannan ɗariƙa. Kalmar lokaci kanta aro ce daga Larabci, haka zamani, haka sa'a. Agogo daga Yarbanci ya zo. Da bik nake rubuta wannan a cikin kaye, a lakwal na koyi baƙi, duk na Faransanci ne, kuma ko kakata ba ta tuntuɓe da su. Bambancin shi ne waɗannan kalmomi sun zo tare da kayansu, hannu ya taɓa kayan, baki ya tauna sunan har ya yi laushi. Naka ya zo shi kaɗai, ba kaya, kamar baƙon da ya sauka tasha ba jaka ba adireshi.

Alhali harshen nan gwani ne wajen raɗa wa sabon abu suna, har da tsiya a ciki. Ya ga hular da bakinta ke tokare ƙasa in an yi sujada, ya ce hana-salla. Ya ga kwanon tangaran, ya ce faɗi-ka-mutu. Ya ga shinkafa da mai da yaji a tukunya guda, ya ce dafa-duka. Kowane ɗaya jimla ce guda da aka naɗe ta zama suna, kuma a cikin sunan akwai halin abin, da ra'ayin mutane a kansa. Da ka ce wa ƙarfenka hana-gobe, ko tsai-da-rana, ko ci-shekara, da kakata ta gyara zama, don kowane ɗaya cikinsu tambaya yake tayarwa: goben wa za a hana? Shekarar wa za a ci? Ban ce ka ɗauki nawa ba, a tsaye na ƙaga su. Ina nuna maka ƙofar da ka wuce ba ka ƙwanƙwasa ba. Tun watan Maris na 2025 takardar mulkin ƙasar nan ta ce Hausa ce harshen ƙasa. Madalla. Amma in mu masu alƙalami ba mu yarda za ta iya raɗa wa dutsen ƙarya suna ba, ban san abin da muke jira ta yi mana a ofis ba.

Abin da ya fi ci mini rai ma, ka je har Girka neman ƙarfen da ke sarrafa lokaci, ga shi a bakinka kullum. In kana so ka san lokaci me kake tambaya? Ƙarfe nawa. Ka taɓa tsayawa ka saurari wannan tambaya? Mutum ya dubi ɗan'uwansa ya tambaye shi adadin ƙarfe, a amsa masa da ƙarfe biyu, kowa ya watse ya gamsu. Kakanninmu ba haka suke yanka yini ba. Suna da asuba, da hantsi, da walaha, da rana tsaka, da azahar, da la'asar, har la'asar ɗin ma akwai sakaliya, da magariba, da lisha, da talatainin dare. Inuwa ce ma'auni, da kiran salla, da dawowar bisashe. Sai aka wayi gari, farkon ƙarni na 20, baƙi sun kafa bariki, sun rataye guntun ƙarfe, ana buga shi ana ƙirga bugun. Bugu bakwai, a fito. Bugu goma sha biyu, a tashi. Soja da ɗan lakwal da ma'aikaci suka koma ƙarƙashin wannan ƙara, a zamanin da aikin dole ke nan daram, don sai a 1946 aka soke shi a ƙasashen da Faransa ke mulka. Har gobe a lakwal ɗin ƙauyuka da yawa tsohon jant ɗin mota ne ke rataye a icce, ni ma na buga shi, kuma na ji daɗin mulkin da ke cikin bugun.

Wanga shi ne ƙarfen da ya canza lokaci a ƙasar Adar, kuma ba ƙage ba ne. Ya raba mutane gida biyu, masu yini da rana da masu yini da bugu, ya kuma sa na biyun suka fara kiran na farkon marasa kiyaye lokaci. Wani abin dariya, duniyar kimiyya ma a kan ƙarfe ta tsaya. Tun 1967 da wani ƙarfe mai suna siziyam ake ayyana daƙiƙa: kaɗawa 9,192,631,770 na hasken da ƙwayar zarrarsa ke amsawa, shi ne daƙiƙa guda. Bahaushen da ya ce ƙarfe nawa bai san da wannan ba, amma bai yi kuskure ba. Ka duba irin labarin da ke kwance nan: gari da babu ƙarfe, sai wani ya kawo shi, wanda duk ya riƙe sandar bugu shi ke da yinin kowa. A sace sandar, a ga abin da zai faru. Ban ga inda kogo da shuɗin haske suka fi wannan ban tsoro ba.

Sannan ka rubuta cewa jarumi ya koma baya don ya ga kakansa. Baya ina? A Hausa waɗanda suka riga mu su ne magabata, suna gaba. Waɗanda ba a haifa ba tukuna su ne ƴan baya. Kamar ayari ne, madugu ya yi nisa, mu muna tsakiya, wasu na tafe a bayanmu suna taka sawunmu. Amma da bakin nan guda muke cewa shekarun baya muna nufin abin da ya wuce, mu ce nan gaba muna nufin abin da bai zo ba. Hanya biyu ke nan a harshe ɗaya, suna kallon juna. Malaminmu ya yi mana awa biyu a kan wannan, rabin aji na barci, ni kuwa na fito kaina na juyawa. Jarumin da ke son ganin kakansa, a ɗaya lissafin juyawa zai yi, a ɗayan kuwa sauri zai ƙara har ya cim ma ayarin da ya wuce, kuma kowa ya san abin da ake nufi in an ce mutum ya cim ma magabata. Kai ka ɗauko layi guda mi�aƙƙe, mai kibiya a kai, irin wanda ake zanawa a allo a darasin nahawun Faransanci, ka ɗora jaruminka a kai kamar jirgin ƙasa.

Ba mu ma ƙirga rayuwa da yini, da kwana muke ƙirga ta. Kwana nawa ka yi, an kwana biyu, yana da sauran kwana, kwanansa ya ƙare. Kamar wani abu ne da aka auna wa kowa a ƙwarya, yana ɗiba yana raguwa. Muna da gobe da jibi da gata da citta, kowace da sunanta, amma babu wadda ake ambata ba a ce in Allah ya kai mu ba. Tsofaffinmu kuma ba da lamba suke riƙe shekara ba, da abin da ta yi musu suke riƙe ta. Yunwar 1913 zuwa 1914 Kakalaba ce. Ta 1984 El Buhari ce, da sunan shugaban Najeriya da ya rufe iyaka a lokacin. Ka tambayi kakata shekarar da aka haifi babana, ba za ta ba ka lamba ba, za ta ce maka damina kaza kafin El Buhari. Duk wannan dukiya tana nan, ba ka taɓa ko ɗaya ba.

Na san amsarka, don ka ba ni ita a kan moto muna dawowa: ai haka ake yi a duniya, kowa na ƙaga ƙarfensa. Gaskiya ne, kuma na kalli abin da ka kalla. Na ga koren dutsen lokaci a Doctor Strange. Na ga wuƙar Prince of Persia mai yashi a ƙota, wadda ke mai da lokaci baya (yashi fa, jama'a, abin da muke sharewa daga ɗaki safe da yamma, wasu suka yi kuɗi da shi). Amma ka lura da waɗanda suka daɗe a zukatan mutane. A Dune, littafin Frank Herbert na 1965, abin da ake kashe juna a kansa wani gari ne mai ƙamshi da ke tsawaita rai, yana buɗe wa mutum ido ya hango abin da bai faru ba. A duniya guda kawai ake samunsa, duniyar hamada, kuma labarin duka a kan wa ke haƙa, wa ke saye, wa aka mamaye saboda shi. Avatar na 2009, kamfani ne ya zo tashin mutane daga ƙasarsu don dutsen da ke ƙarƙashinta. Black Panther na 2018 tambaya guda ya yi: da wata ƙasar Afirka ta riƙe ma'adininta ba ta bari an kwashe ba fa? Ka ɗauko musu launi da walƙiya, ka bar tambayar. A labarinka ƙarfen na kwance a kogo yana jiran jarumi kamar goro a faranti. Babu mai haƙa, babu dillali, babu haraji, babu wanda tari ya kama.

Kuma a Tawa ka rubuta wannan! Kwaltar da ta ratsa garin nan ta yi Abalak da Agadas har Arlit, sunan da aka san ta da shi hanyar yuraniyam, don shi aka shimfiɗa ta. Tun 1971 ake fitar da shi daga Arlit. Ramin Akuta ya fara aiki a 1978, aka rufe shi ranar 31 ga Maris 2021. Shekara da shekaru ta gabanmu manyan motoci suka riƙa saukowa da shi a ganguna zuwa tashar jiragen ruwa ta Kwatano, muna yara muna ɗaga musu hannu. In ƙarfe mai wasa da lokaci kake nema, ga uban gidansu. Sai an yi shekara wajen miliyar 4 da rabi kafin rabin wanda ke hannunka ya rikiɗe, a hankali yake juyewa har ya koma dalma, ba ya sauri ba ya jinkiri, shi ya sa masu ilimin duwatsu ke amfani da shi kamar agogo su gane shekarun dutse. Ragowar ƙasar da aka tace kuwa, miliyoyin tan, tana nan tsibi a hamada, kuma haɗarinta zai riga jikokin jikokinmu ganin ƙarshen zance. Wani Bajamushe ne, Klaproth, ya sa masa suna a 1789, da sunan wata duniya ta sama da aka gano shekara takwas kafin nan. Ka ga wutsiyar nan da na ce tana magana? Ga inda ta kai. Abin na ƙasarmu, sunan na wani, wutar lantarkin ma ta wani, mu muna karanta labarinka da fitilar waya.

Ko ba ka je Arlit ba, ka hau dutse tsakanin Tawa da Keita ka duƙa. Za ka tsinci katantanwa da bawon halittun ruwa sun zama dutse, a wurin da mata ke tafiyar awa guda neman ruwa. Teku ne ya kwanta nan, sama da shekara miliyan 60 da suka wuce. Farar ƙasar da ake ƙonawa a Malbaza a yi siminti ragowarsa ce, haka dutsen takin da ke arewa da garin nan, wanda malaman gona ke kira fosfat ɗin Tawa. Gidan da ka kwana jiya, in na siminti ne, da tsohon teku aka shafe shi. A dutsen Igdaman, can wajen Kao, an tono ƙasusuwan wani ƙaton dodon ruwa, a 1991 aka sa masa suna Igdamanosaurus. Wanda ya fi ba ni kunya shi ne na wajen In Gall. Paul Sereno ya taso daga Shikago, ayarinsa ya tono wata ƙatuwar dabba mai dogon wuya, a 1999 suka kira ta Jobaria, daga Jobar, wata halitta ta cikin labaran Abzinawan wurin. Ba'amurke ya zo ya ari suna daga gatanar maƙwabtanmu ya kai ta littafin kimiyya. Mu kuma muna aro daga wurinsa mu kawo cikin gatana.

Saura abu guda, shi ne ya hana ni barci har na ɗauki bik. Ƙarfenka ba shi da sharaɗi. Kowa ya san a labaranmu babu laya ko guru da ke aiki kyauta. Baduhu na da abin da ke karya shi, maganin ƙarfe na ƴan tauri na da abin da aka hana mai shi, aljani in ya ba ka sai ya karɓa. Naka jarumin ya mai da lokaci baya sau huɗu, na ƙirga, ko ciwon kai bai yi ba. Mutumin Adar bai kamata ya rubuta haka ba, don mu mun san kuɗin lokaci. Mu ne muka ba duniya kalmar ci-rani. Ku saurare ta da kyau: mutum ya tafi ya ci rani, ya cinye wani yanki na shekara a wani wuri don kada ya ci hatsin gida. Sai rani guda ya zama biyu, biyu su zama takwas.

Ina da shekara 6 babana ya tafi Abijan. Rikicin 2010 da 2011 ya cinye masa ɗan jarin da ya tara, ya sake farawa daga tushe, kunya ta hana shi dawowa hannu sake. Yakan kira ranar salla ta wayar mai shago, yakan aiko in ya samu. Ina da 14 ya dawo. Da aka buɗe jaka ya miƙo mini agogon hannu da riga. Agogon ya yi mini. Rigar kuwa ko kaina bai shiga ba, sai ɗan ƙanwar inna aka ba. Baba ya san shekaruna sarai, in ka tambaye shi zai faɗa ba kuskure. Amma hannun da ya ɗaga rigar a kasuwar Ajame yaron da ya bari a bakin tasha ya auna. Ya tsaya yana dubana, yana duban rigar, ya ce, "Ashe ka girma." Ba wanda ya yi dariya.

A wurinsa lokaci ya tsaya shekara takwas. A wurin inna bai tsaya ba ko yini guda. Damina takwas ta yi shuka da noma ita da mu, ta binne mahaifinta ba ya nan, ta aurar da yayata ba ya nan, furfura ta fito mata. Na tabbata cikin mu da ke zaune ƙarƙashin dogon yaron nan, in aka ce mai irin wannan labari ya ɗaga hannu, hannuwa za su fi kofunan shayi yawa, kuma kai ma, aboki, naka na ciki, na san gidanku. To don me jaruminka zai tsai da rana babu wanda ya biya? In ya tsai da ita yini guda, kwanan wa aka ɗebe daga ƙwarya? Wace mata ce a wani ƙauye ta wayi gari ta tsufa da shekara guda ba ta san dalili ba? Su wa ke shiga ramin, kuma in sun fito ƴaƴansu sun girme su ko kuwa? Sarki ya sani? In ya sani, nawa yake karɓa a kan kowane buhu? Ka amsa biyu daga cikin waɗannan, ka ga in gimbiyar ma za ta sake samun wuri a labarin.

Na roƙi masu tace fitowa mai zuwa su bar maka shafi 11 ɗinka yadda suke. Kuɗin shida daga ciki ni zan biya, in burs ta fito. Ka sake shi. Ka je bakin maƙera ka yini, ka ji yadda suke kiran tama da gawayi da zuga-zugi, ka tambayi tsohon cikinsu abin da ba a yi a gaban wuta. Sunan kuma ka gwada shi a bakin tsohuwa kafin ka kai wa mai fotokofi.

Kakata ta ce in ka gama a kawo a karanta mata. Ta kuma ba ni saƙo gare ka, ga shi yadda ta faɗe shi: "Ka ce mashi in yaron nan za shi komawa, shi biya ta El Buhari, ina da awaki bakwai can da ɗiya guda. In kuma abin na saisuwa na, shi tambayo mani nawa a ka tiya."